Suna Linzami Ne, Amma a Hannun Wa?

Bahaushe ya san hanyoyi biyu na ɓoye suna, kuma bai taɓa ɗora su a ma'auni ɗaya ba. Akwai ɓoyewa ta kunya: uwa ba ta kama sunan ɗanta na fari, mace ba ta kiran mijinta da sunan yanka, sai ta ce Malam ko maigida, yaron da ya ci sunan kakansa kuwa a sakaya, a ce da shi Abba ko Baba. Wannan girmamawa ce. Kowa a gidan ya san sunan, an dai ɗaga shi ne sama da bakin mutane. Akwai kuma ɓoyewa ta cuta, irin ta dillalin da ke hana mai kaya da mai saye su san juna domin kada su gane abin da yake ci a tsakani. A nan abin da ake gudu shi ne mai sunan ya farga da darajarsa.

Wanda yake son ya auna waɗannan ɓoyewa biyu, ya ga inda ɗaya take rikiɗa ta koma ɗayar, da wuya ya sami wurin gwaji da ya fi tarihin matan da suka fara wasa a silima tun tana bebiya, wato daga ƙarshen 1895, lokacin da ƴan gidan Lumière suka fara nuna hoto mai motsi ga masu biyan kuɗi a Paris, har zuwa ƙarshen shekarun 1920 da murya ta shigo. Waɗannan mata ba su da abin sayarwa sai fuska da motsin jiki. Ba a jin muryarsu, kuma shekaru da dama ba a rubuta sunansu. Tambayar da rayuwarsu take ajiyewa gaban mai tunani ita ce: shin ambaton suna haƙƙi ne da mai aiki yake bin jama'a, kuma in an ambata, shi ke nan an biya bashin? Hausawa sun ce suna linzami ne. Ba su faɗi a hannun wa yake ba.

A Amurka, wajen 1908, fim haja ce kamar yadi. Ana sayar da zarensa da awo, tsawo kaza kuɗi kaza, babu mai tambayar wa ke ciki. Naɗi ɗaya bai wuce kimanin mita 300 ba, kallon ƙasa da rubu'in awa, ana nuna shi a ƙananan ɗakuna inda lebura da baƙon haure ke shiga da santi 5. Abin da mai kallo ya sani shi ne tambarin kamfani: Edison, Vitagraph, Biograph. Dalilan ɓoye sunan ƴan wasa biyu ne, kuma adalci ya wajabta a faɗe su duka. Na farko daga ƴan wasan kansu ya fito. Da yawansu ƴan dandalin wasan kwaikwayo ne da suke ganin silima aikin ƙasƙanci ce da rashi ya tura su gare ta, ba su son abokan sana'a su ji. Wannan ya yi kama da kunya. Na biyu daga masu kamfani ya fito, waɗanda suka ga yadda manyan taurarin dandali ke yanka wa kansu farashi, suka kuma gane cewa ranar da jama'a ta san sunan mutum, ranar ce albashinsa zai tashi. Wannan kam dillanci ne. Abin lura shi ne dalilin farko ya gushe da wuri, na biyu ya ci gaba da fakewa da shi.

A wannan kasuwa ce Florence Lawrence ta faɗo. An haife ta a 1886 a garin Hamilton na Kanada, mahaifiyarta ƴar wasan dandali ce mai yawo gari gari, ita ma tun tana ƙarama ta hau dandali. Iya hawan doki ne ya fara buɗe mata ƙofar silima a kamfanin Edison. A 1908 ta koma Biograph, inda D. W. Griffith yake ba da umarni, ana biyan ta dala 25 a mako (dalar Amurka ake nufi, ba dalar kasuwar Maraɗi ba). Cikin shekara guda ta fito a gomman fina-finai, yau matar aure mai ban dariya, gobe baiwar Allah da aka zalunta, jibi ƴar sarki. A daidai wannan lokaci ne aka fara matso da kyamara kusa da ƴan wasa, fuska ta fara fitowa sarai a allo. Masu kallo suka gane cewa mace ɗaya ce suke gani mako bayan mako. Suka shiga rubuta wa kamfani wasiƙu suna tambayar sunanta. Kamfani ya yi gum. Da jama'a ta rasa abin kiranta, sai ta raɗa mata laƙabi da sunan ubangidanta: Yarinyar Biograph.

Ya kamata a tsaya kan wannan laƙabi, domin a cikinsa cutar take kwance. Laƙabin muƙami ne, kamar rawanin da sarki ke naɗa wa wanda ya so, ya kuma warware ranar da ya ga dama. A 1909 Florence Lawrence da mijinta suka nemi aiki a ɓoye a wani kamfani, labari ya koma kunnen Biograph, aka sallame su. Ba a daɗe ba laƙabin ya koma kan wata budurwa mai nannaɗaɗɗen gashi da ta shigo kamfanin a wannan shekara. Ƙaunar da miliyoyin mutane suka yi wa fuskar mace ɗaya ta zauna a asusun kamfani, mai fuskar ta fita hannu rabbana. Wanda ba shi da suna ana iya musanya shi, kuma amfanin ɓoyewar ke nan ga wanda ya ɓoye.

Zuwa nan mai karatu zai ce maganin a fili yake: a faɗi sunan, a huta. To, ga yadda aka faɗe shi. Carl Laemmle, wani Bajamushe da ya yi ƙaura zuwa Amurka, yana yaƙi da gungun manyan kamfanonin da suka haɗa kai da Edison a ƙarshen 1908 don mamaye sana'ar. Ba shi da ƙarfinsu, sai ya nemi abin da suka raina. Ya ɗauki Florence Lawrence aiki a kamfaninsa na IMP. A farkon 1910 sai jita-jita ta bazu cewa taragon lantarki mai bin titi ya take Yarinyar Biograph ta mutu. A watan Maris Laemmle ya buga talla a jaridar masu sana'ar, da hotonta da cikakken sunanta, yana ƙaryata labarin, yana ɗora shi kan maƙiyansa, yana kuma sanar da cewa tana raye, a wurinsa take aiki, sabon fim ɗinta na nan tafe. Mafi yawan masana tarihin silima sun tafi a kan cewa shi da kansa ya shuka jita-jitar. A ƙarshen watan ya kai ta birnin Sen Luwis domin mutane su gan ta ido da ido, taro ya yi mata caa har aka tsinke maɓallan rigarta don ajiye tarihi. Ba Laemmle kaɗai ne ya fara tallar ƴan wasa a wannan shekara ba, wasu kamfanoni ma sun fara, amma nasa salon ne ya zauna a tarihi. A ƙasar Hausa rago ake yankawa ranar suna. Ita wannan baiwar Allah, ita aka yanka a jarida kafin a raɗa mata nata.

Sunan ya amfane ta, babu musu. Albashinta ya ninka, a 1912 har ta shiga cikin kafa wani ƙaramin kamfani mai suna Victor, wanda daga baya Universal ta haɗiye. Amma a tsakiyar shekarun 1910 ta ji mummunan rauni a wurin ɗaukar wani fim da aka kunna wa wuta, ta yi jinya mai tsawo, da ta dawo ta tarar sababbin fuskoki sun cika allo. Karyewar kasuwar hannun jari ta 1929 ta cinye abin da ta tara. A 1936 kamfanin MGM ya shiga ba tsofaffin taurari ƙananan ayyuka don tausayi, ita ma ta samu, tana fitowa cikin taron mutane a fina-finan da ba a rubuta sunanta ba. Wato ta koma inda ta fara. Ga ciwon ɓargo da ya kama ta. Ranar 28 ga Disamba 1938 ta kashe kanta, tana da shekara 52, bayan ta fito a fina-finai kusan 300. An binne ta a Holiwud a kabarin da babu ko alama, haka ya zauna har 1991, lokacin da wani ɗan wasa, Roddy McDowall, ya biya kuɗin dutsen da aka rubuta sunanta a kai.

Saboda haka faɗin suna bai warware matsalar ba, sauya mata kama kawai ya yi. Da masu kamfani suka gane suna yana sayuwa, sai suka daina ɓoye shi, suka koma ƙera shi. Misalin da ya fi fitowa fili shi ne na Theodosia Goodman, ƴar wani tela Bayahude a birnin Sinsinati, wadda kamfanin Fox ya mayar Theda Bara a 1915. Masu tallar kamfanin suka shirya mata asali daga tushe: wai a Masar aka haife ta, cikin Sahara, a inuwar gumakan Fir'auna, wai tana da sihirin halaka maza. Suka baza cewa in aka jujjuya haruffan sunanta za su ba da kalmomi biyu na Ingilishi, mutuwa da Balarabe. Aka ɗauke ta hoto kusa da ƙwarangwal, ana karɓar ƴan jarida a ɗaki mai duhu da hayaƙin turare. Matar ba ta taɓa taka Masar ba. Ga mutanen da ke zaune a bakin hamada, waɗanda suka san ta da ayarin gishiri da ƙishirwa, abin dariya ne a ga yadda aka mai da ita akwatin ƙarya don tsorata ƴan kallo a Niyok. Amma ga Theodosia ba abin dariya ba ne. Ta yi ƙoƙarin fitowa a matsayin mace ta gari, jama'a ta ƙi saye, domin ba ita suka sani ba, dodon da aka ƙera suka sani. A 1919 ta rabu da Fox, daga nan tauraronta ya dusashe. A 1937 gobara ta tashi a rumbun ajiyar kamfanin a jihar Niyu Jazi, ta cinye mafi yawan aikinta, har da Cleopatra na 1917 wanda gutsattsari kaɗai suka rage. Daga fina-finai sama da 40, waɗanda suka tsira cikakku ba su cika yatsun hannu biyu ba. Abin da ya rage wa duniya shi ne sunan da ba nata ba da hotunan talla. Ƙaryar ta fi aikin tsawon rai.

Ba ita kaɗai wuta ta ci ba. Zaren fim na wancan zamani da sinadari mai saurin kamawa ake yin sa, yana kuma ruɓewa da kansa in ya daɗe, kamfanoni da dama sun narka tsofaffin fina-finansu don su tsamo ƴar azurfar da ke jiki. Binciken da babban ɗakin karatu na majalisar Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kashi 70 cikin 100 na dogayen fina-finan Amurka marasa magana sun ɓace ɗungum.

Sai a koma ga budurwar nan mai nannaɗaɗɗen gashi da ta gaji laƙabin Biograph, domin ita ce ta fi kowa fahimtar karin maganar linzami, ko da ba ta taɓa jin ta ba. Sunanta na yanka Gladys Smith, an haife ta a Toronto a 1892. Mahaifinta ya rasu tana ƙarama, ta tashi tana ciyar da uwa da ƙanne da wasan dandali. Wani mai gidan wasa ne a Niyok ya sauya mata suna zuwa Mary Pickford a 1907. Wanda ya san yunwa da ƙuruciya ba a koya masa lissafi. Ta lura da cikar ɗakunan kallo duk ranar da fuskarta ke allo, ta riƙa sauya kamfani tana ɗaga farashi, har masu kuɗin Holiwud suna tsoron zama ciniki da ita da mahaifiyarta. A 1916, tana da shekara 24, ta sa hannu a yarjejeniya da Adolph Zukor: dala 10,000 a mako, da rabin ribar fina-finanta, da ikon sa baki kan labarin da za a ɗauka da wanda zai ba da umarni. Ranar 5 ga Fabrairu 1919 ita da Charlie Chaplin da Douglas Fairbanks da Griffith suka kafa United Artists, domin su riƙa rarraba aikinsu da kansu. Ta kuma mallaki zaren fina-finanta. Tsakanin ƙarshenta da na Florence Lawrence, waɗanda suka fito daga lardi ɗaya na Kanada, suka yi aiki ƙarƙashin mutum ɗaya, suka ɗauki laƙabi ɗaya, bambancin bai tsaya ga baiwa ko kyau ba. Ɗaya an faɗi sunanta, ɗaya ta mallaki nata a rubuce.

Da labarin ya tsaya nan, da darasin ya yi sauƙi, da sai a ce wa kowace ƴar wasa ta koyi karanta yarjejeniya. Amma linzami igiya biyu gare shi, kuma ta biyun tana hannun masu kallo. Jama'a ta ƙaunaci Mary Pickford a matsayin ƙaramar yarinya marainiya mai tsiwa da tsarkin zuciya, ta kuma ƙi yarda ta girma. A 1917, tana da shekara kusan 25, ta fito a matsayin ƴar shekara 11, aka ƙera manyan kujeru da tebura don ta yi ƙanƙanta a tsakaninsu. Da ta gwada fitowa a matsayin cikakkiyar mace a 1923 da 1924, sai ta ji sanyin karɓar. A 1925 ta tambayi masoyanta ta wata mujalla irin rawar da suke so ta taka, amsoshin suka dawo cike da sunayen ƴan mata na littattafan yara. Ta bi umarni, ta fito yarinya tana da shekara 33. A 1928, bayan rasuwar mahaifiyarta, ta je ta aske gashin nan, abin ya hau shafin farko na jaridu kamar an rushe wani ginin tarihi. Ta ci babbar kyautar Oscar da fim ɗinta na farko mai magana, na 1929, amma jama'a ba ta bi ta ba. A 1933 ta daina wasa. Ta taɓa ƙudurta a ƙone fina-finanta don kada ƴan baya su yi mata dariya, sai da aka lallashe ta. Ta rasu a 1979, attajira, bayan shekaru masu yawa da kulle kanta a gida. Mai kamfani ana iya cin sa a ciniki. Mai kallo ba ya sa hannu a takarda, don haka babu inda za a kai ƙararsa.

Wannan ne wurin da batun ya daina zama na ƴan kasuwar Holiwud kaɗai. Mai kallo yana biyan kuɗin kallon wasa, amma sau da yawa yakan fita yana jin ya sayi mai wasan. Yana son ta zauna yadda ya gan ta, in ta taka rawar mugunta ya tsane ta a titi, in ta taka ta kirki ya hana ta tsufa. A Shangai, Ruan Lingyu ta fito a farkon 1935 a wani fim kan matar da ƙananan jaridu suka hana sakat har ta mutu. Wata guda bayan haka, ranar 8 ga Maris, ita ma ta kashe kanta tana da shekara 24, jaridun birnin suna tsakiyar yayata rikicin aurenta, kuma jama'ar da ke sayen jaridun ita ce ta cika tituna wajen rakiyar gawarta. Masu karatu a Nijar ba su buƙatar tafiya Sin don gane wannan hali. Zalika Souley, wadda ta fara fitowa a fim ɗin Moustapha Alassane a 1966, ta kuma yi aiki da Oumarou Ganda, ta sha zagi a Yamai saboda matan da ta kwaikwaya, kamar yadda Rahmatou Keïta ta nuna a fim ɗin da ta yi kan rayuwarta a 2004. Nata fina-finan masu magana ne, zamanin ma wani ne, amma idon da ya kalle ta bai bambanta da na 1915 ba. Ta rasu a 2021.

Akwai kuma wadda ɓoye suna ne ya ceci ranta, kuma labarinta yana girgiza duk abin da aka gina a sama. A Indiya, lokacin da Dadasaheb Phalke ya shirya dogon fim ɗinsa na farko a 1913, bai sami mace ko ɗaya da ta yarda ta tsaya gaban kyamara ba, sai wani saurayi, Anna Salunke, ya ɗaura zane ya zama sarauniya. A ƙarshen shekarun 1920, a yankin da ake kira Kerala yanzu, J. C. Daniel ya shirya fim na farko na ƙasarsu, Vigathakumaran. Ya sami wata matashiya mai suna P. K. Rosy, ƴar leburanci da ke wasan gargajiya, daga cikin mutanen da tsarin ɗabaƙoƙin gado na Indiya ya ajiye a can ƙasa, waɗanda ake ƙyamar ko taɓa su. Ya ba ta rawar mace daga ɗabaƙar Nair, masu daraja. Ranar da aka fara nuna fim ɗin a Trivandrum, manyan gari suka fusata da ganin ƴar ƙasƙantattu cikin shigar matansu, aka jefi allo da duwatsu, daga baya aka ƙone bukkar iyayenta. Ta gudu cikin wata babbar mota zuwa ƙasar Tamil, ta auri direban, wanda shi kansa daga babbar ɗabaƙa yake, ta ɗauki sunan Rajammal, ta rayu da shi har mutuwarta a 1988. Rawar da aka kore ta don ta taka na awa ɗaya ko biyu a allo, ita ta taka shekaru kusan 60 a gida, babu wanda ya jefe ta, domin babu wanda ya sani. Fim ɗin ya ɓace. A 1992 gwamnatin Kerala ta sa wa babbar kyautarta ta silima sunan Daniel. Ita kuwa wasu ƴan jarida ne suka yi shekaru suna tono kafin sunanta ya dawo bakin mutane, aka yi fim kan labarin a 2013, Google ma ya sa hotonta a shafinsa na farko a 2023.

To, a nan mai gaskiya dole ya yi jim. In ambaton suna haƙƙi ne a kowane hali, Rosy ta yi watsi da haƙƙinta da hannunta, ta kuma yi daidai. In kuwa ɓoyewar zaɓinta ce, da wane izini ƴan baya suka tone abin da ta binne? Ana iya cewa dutsen kabarin 1991 da hoton 2023 ba su ƙara wa matattu komai ba, masu rai ne ke wanke kansu da araha. Maganar tana da nauyi, kuma duk wanda ya ga yadda ake karrama mai fasaha bayan an bar shi ya mutu da yunwa zai ji ta a jikinsa. Sai dai ta manta abu ɗaya. Rosy ba ta zaɓi ɓoyewa kamar yadda uwa ke zaɓen sakaya sunan ɗan fari ba, wuta ce ta zaɓa mata. Zaɓin da aka yi da gobara a bayan mutum ba a kiran sa yarda. In aka bar sunanta a binne da sunan mutunta sirrinta, an cika wa waɗanda suka ƙone bukkar burinsu ke nan, domin abin da suka nema tun farko shi ne a ce ba a taɓa yin ta ba. Dawo da sunan ba ya biyan ta komai. Abin da yake yi shi ne hana laifin ya ɓace tare da fim ɗin, kuma wannan aiki ne da ya hau kan malamai da masu adana tarihi, ko da wadda aka yi wa laifin ba za ta ji ba.

A Faransa an sami wadda ta ɗauki irin wannan aiki tun tana raye. Jeanne Roques, haifaffiyar Paris a 1889, ita ta zaɓa wa kanta sunan Musidora daga wani littafin Théophile Gautier, ba wani mai talla ne ya liƙa mata ba. A 1915 da 1916, ana tsakiyar yaƙin duniya na farko, ta fito a Les Vampires na Louis Feuillade, fim mai kashi 10 na kamfanin Gaumont, a matsayin Irma Vep, ɓarauniya cikin baƙaƙen kaya masu kama jiki da ke yawo a kan rufin gidajen Paris. Ita ma rawar ta nemi ta haɗiye ta kamar yadda aka yi wa Theda Bara a daidai waɗannan shekaru. Sai ta kafa kamfaninta, ta koma bayan kyamara, ta shirya fina-finai a Faransa da Sifaniya a farkon shekarun 1920. Ba su kawo kuɗi ba, da zuwan murya ta bar allo, ta koma rubutu.

Daga shekarun 1940 ta shiga aiki a Cinémathèque française, gidan adana fina-finai da Henri Langlois da abokansa suka kafa a 1936 don ceto abin da kamfanoni ke zubarwa. Aikinta shi ne nemo tsofaffin ma'aikatan silima marar magana, ƴan wasa da masu ɗaukar hoto da masu haɗa zare, a zaunar da su, a tambaye su wa ya yi me, a wace shekara, wace ce wannan matar da ke tsaye a gefen hoto, a rubuta kafin su mutu. An ruwaito cewa wasu ranaku takan zauna a tagar sayar da tikiti, matasa su miƙa mata kuɗi su wuce ciki su kalli Irma Vep, ba su san wadda ta ba su canji ba. Tana wannan aiki har ta rasu a Paris cikin Disamba 1957.